Sakan 24 da Minti Guda: Nazarin Hatsarin Wata Mahaɗar Dogo a Ingila

## Wurin, da yadda ake tsaronsa a da

Wannan nazari ya shafi karon da jirgin ƙasa ya yi da wata babbar tirela a Janairun 1968 a wata mahaɗar titi da dogo. A lokacin, mahaɗar tana gefen ƙauyen Hixon ne a gundumar Staffordshire, tsakiyar Ingila, inda ƙaramin titin karkara ya ratsa layin dogo mai hannu biyu da jiragen fasinja masu gudu ke bi tsakanin Manchester da Landan. A ƙetaren dogon akwai tsohon filin jirgin saman soja da aka daina amfani da shi, wanda wani kamfanin ƙera kayan lantarki na garin Stafford ya mayar da ɓangarensa ma'ajiyar manyan taransifoma. Wannan ma'ajiya ce ta sa titin da motoci ba su dame shi ba yake ganin kayan da suka fi ƙarfinsa.

Tun ƙarni na 19 dokar Birtaniya ta wajabta ƙyamare da mai gadi a duk inda titin jama'a ya ratsa dogo. A manyan layuka ƙyamaren a haɗe suke da sigina: muddin ba a rufe titi an kulle ba, sigina ba za ta ba jirgi hannu ba. Idan mota ta maƙale a tsakiya, mai gadi yana gani, ƙyaure ba zai rufu ba, jirgi kuma zai tarar da ja ya tsaya tun daga nesa. Tsaro ya tsaru, amma da tsada. Dole a rufe titi tun jirgi yana da tazarar da zai iya tsayawa, masu mota su yi jiran minti uku ko huɗu, har fiye idan jirage biyu suka biyo juna. Ga albashin masu gadi dare da rana, ga wahalar samun mai son zaman kaɗaici a bakin dogo, motoci kuma kullum ƙaruwa suke.

## 1956 zuwa 1966: shigowar rabin shinge

A 1956 jami'an Birtaniya suka zagaya wasu ƙasashen Turai suka ga mahaɗu masu aiki da kansu, babu mai gadi. Dokar 1957 ta ba da damar kwaikwayon tsarin, aka buɗe ta farko a watan Fabrairun 1961, a wannan gunduma ta Staffordshire.

Ga yadda take aiki. A can nesa da mahaɗa akwai maɓalli a jikin dogo da ƙafar jirgi ke takawa. Da ya taka, jajayen fitilu su fara walƙiya, ƙararrawa ta ɗauka, na kimanin sakan 8. Sannan sanduna biyu su sauko, kowace ta tare hannun da mota ke shigowa kaɗai, wannan ma kimanin sakan 8. Bayan wasu sakan 8 jirgi mafi gudu ya iso. Jimilla sakan 24.

Gajartar lokacin da gangan aka yi ta. Masu tsarin sun lura direba yana haƙuri da shinge ne idan ya san da saukarsa jirgi ya iso. Idan ya saba jiran minti biyu babu komai, wata rana zai kewaye sandar. Barin rabin titi a buɗe shi ma da dalili: wanda sanda ta sauko yana tsakiya, yana da hanyar fita ta gaba.

Abin da aka sadaukar domin samun wannan sauri shi ne haɗin shinge da sigina. Sabuwar mahaɗa ba ta san ko akwai wani abu a kan dogo ba, ba ta kuma da hanyar tsayar da jirgi. Direban jirgi yana zuwa da cikakken gudunsa ne bisa zaton an ba shi hanya. Ko da ya hango, birkin jirgi mai taragai goma sha biyu a irin wannan gudu ba ya tsayar da shi cikin tazarar da ke tsakanin maɓalli da mahaɗa. Don haka tsarin ya dogara kacokan a kan sharaɗi ɗaya: duk abin da ya hau dogo zai sauka cikin sakan 24. Ga abin da ba zai iya ba, kamar garken shanu ko babbar mota mai tafiyar hawainiya, sai aka tanadi wayar tarho a jikin ginshiƙin shingen, mai kaiwa kai tsaye ɗakin sigina.

An yi wayar da kai, amma akasari a unguwannin da ke kusa da kowace sabuwar mahaɗa: takardu zuwa makarantu da ofisoshin 'yan sanda da gidajen maƙwabta. Direban da ya taso da kaya daga wani yanki mai nisa ba ya cikin waɗanda saƙon ke isa gare su.

## Nuwamba 1966: gargaɗin da ya wuce a banza

Ranar 8 ga Nuwamba 1966, a garin Leominster, wata doguwar tirela ta wani kamfanin dakon manyan kaya ta hau irin wannan mahaɗa, cikinta ya daki doron dogo ta kafe. Da kyar aka fizge ta kafin jirgi ya wuce. Babu wanda ya ji ciwo.

Kamfanin ya rubuta wa hukumar jiragen ƙasa yana nuna damuwa kan ƙarancin lokacin gargaɗi. Amsar da ta zo a ƙarshen watan, a taƙaice, cewa ta yi ma'aikatar sufuri ta amince da tsarin, kuma bai kamata motoci su riƙa maƙalewa a kan mahaɗa ba. Ba ta zauna ta bayyana wa masu dakon abin da direba zai yi kafin ya hau dogo ba. Su ma shugabannin kamfanin ba su bi diddigi ba, ba su kuma fitar da wani umarni ga direbobinsu kan sabbin mahaɗun ba. Wasiƙa ta shiga fayil, kowa ya koma harkarsa.

Wannan kamfani ne, wata goma sha huɗu bayan haka, aka ba dakon taransifoma daga Stafford.

## 1967: an sauya mahaɗar ƙauyen

A 1967 aka cire ƙyamaren mahaɗarmu aka sa rabin shinge. Iyakar gudun jirgi a wurin mil 85 ne a awa, kimanin kilomita 137, wato mita 38 a kowane sakan. Aka sa maɓallin a nisan yadi 1,000, kimanin mita 914, wanda shi ke ba da sakan 24 ɗin. A sama kuma ga wayoyin lantarki masu ƙarfin bolt 25,000 da jiragen ke amfani da su, abin da ke tilasta wa mai dogon kaya ya rage gudu ya lura da samansa.

An kafa allo mai cewa idan larura ta taso, ko kafin a ƙetare da kaya na musamman ko masu nauyi ko shanu, a kira mai sigina. Allon ba shi da girma, ba ya fuskantar mai tahowa sosai, kuma bai faɗi ko nawa ne nauyin da ake nufi ba, balle tsawo ko gudu. Wayar kanta a cikin akwati take a jikin ginshiƙi. Cikin watannin da suka biyo baya an ƙetare da manyan kaya zuwa ma'ajiyar sau da dama ba tare da kowa ya kira ba, aka kuma wuce lafiya, domin ba a yi kiciɓis da jirgi ba. Zuwa Janairun 1968 mahaɗu 207 ke aiki da wannan tsari a Birtaniya.

## Asabar, 6 ga Janairu 1968

Kayan ranar taransifoma ce mai nauyin tan 120. Tirelar mai ƙafa 32 ce, da kan mota a gaba yana ja, wani a baya yana turawa. Tsawon duka ƙafa 148, kimanin mita 45, kusan rabin filin ƙwallo. Nauyin duka tan 162. Mutum biyar ke aikinta, da motar rakiya ɗauke da 'yan sanda biyu. Ma'aikatar sufuri ce ta tsara hanyar da za a bi, takardar kuma ba ta ja kunne kan wannan mahaɗa ba.

Da aka bar babban titi aka shiga na ƙauyen, ayarin ya tsaya. 'Yan sandan suka yi gaba, suka ƙetare dogon don tabbatar da ƙofar ma'ajiya, suka dawo suka ce nan ne. Babu ɗaya daga cikinsu, ko cikin masu tirelar, da ya san cewa jirgi na iya isowa sakan 24 bayan fara ƙararrawa. Direban gaba ya ɗauka tunda 'yan sanda sun wuce, hanya ta samu. 'Yan sandan kuma sun ɗauka aikinsu tare wa tirela motoci ne, maganar dogo ta direba ce. Ba a ɗaga waya ba.

Saboda doron dogo a ƙasa da wayoyin wuta a sama, aka rage gudu daga mil 4 a awa zuwa mil 2, ƙasa da mita ɗaya a sakan. A wannan tafiya, mita 45 na mota da faɗin layuka biyu suna buƙatar kusan minti guda. Ko da an bar ta a mil 4, kimanin sakan 30 za ta ci, wanda shi ma ya haura 24.

Da ƙarfe 12:26 na rana, kan motar gaba ya riga ya ƙetare, taransifoma na bisa dogo, sai jirgin ƙarfe 11:30 daga Manchester zuwa Landan ya taka maɓalli. Kan jirgi ne mai lantarki da taragai 12, ɗauke da fasinja kusan 300, yana gudun mil 75 a awa, kimanin kilomita 120. Fitilu suka kama, ƙararrawa ta ɗauka, sanda ta sauko ta kwanta a kan taransifomar. Direban gaba ya wuce fitilun, ƙarar inji kuma ta hana shi jin ƙararrawa; da idonsa ya hango jirgin daga hagu. Ya ƙwala wa abokan aikinsa ihu, ya taka totur. Direban baya shi ma ya taka, alhali ya san yin haka yana tura kansa ne zuwa gaban jirgin.

Wannan yunƙuri ya sa jirgin ya daki ƙafa bakwai ko takwas na ƙarshen taransifomar maimakon tsakiyarta. Duk da haka ya tsinka tirelar, ya yi jifa da tan 120 gefen dogo. Kan jirgin da taragai biyar na farko suka ragargaje, uku na bayansu suka sauka daga layi. Dogo ya lalace tsawon mita 110, wayoyin wuta suka zubo. Mutum 11 suka mutu: ma'aikatan jirgi uku da ke cikin kan jirgin, da fasinja takwas. Wasu 45 suka jikkata. Babu wanda ya mutu cikin masu tirelar.

Na'urar mahaɗar ta yi duk abin da aka ƙera ta ta yi, a kan lokacinsa.

## 1968: bincike

Maimakon binciken da sufetocin jiragen ƙasa suka saba yi, gwamnati ta kafa kotun bincike ta bainar jama'a, irin wadda rabon da a yi tun bayan rushewar gadar Tay ta Sikotlan a 1879. Dalili a fili yake: sufetocin su ne suka amince da tsarin rabin shinge, ba za su binciki kansu ba. Babban lauya Brian Gibbens ya shugabance ta. Ana cikin aikin, a watan Afrilu, wata ƙaramar mota ta mutu a kan irin wannan mahaɗa a gabashin Ingila, jirgi ya kashe mutum biyar da ke ciki, abin da ya ƙara wa muhawarar zafi.

Rahoton ya fito a watan Yuli, ya raba alhaki mataki-mataki. Sanadin kusa shi ne direban tirela bai kira ba, 'yan sandan rakiya kuma ba su sa an kira ba. Sama da su akwai shugabannin kamfanin dako, waɗanda suka ga abin da ya faru a Leominster amma ba su sanar da direbobinsu komai ba, da manyan 'yan sanda da takardun bayani suka iso ofisoshinsu ba su kai ga masu sintiri ba. Rahoton ya soki wasiƙar Nuwamba 1966 da girman kai da rashin hangen nesa. Asalin matsalar kuwa ya ɗora ta ne a kan jami'an ma'aikatar sufuri da na hukumar jiragen ƙasa, waɗanda suka san akwai haɗarin mota mai jan jiki amma ba su ɗauki matakin da ya dace da girmansa ba.

Kotun ba ta ce a koma wa ƙyamare ba. Ta ce rabin shinge yana da tsaro daidai gwargwado, a gyara shi.

## 1968 zuwa shekarun 1980: gyare-gyare

Gyara na farko ƙarin lokaci ne. Aka kai gargaɗin sakan 32, aka kuma sa fitila ruwan ɗorawa mai kamawa sakan 5 kafin ja, jimilla 37. Aka ƙara alamar da ke nuna wani jirgin na tafe, saboda masu kutsawa da zarar na farko ya wuce. Aka duba doron titi a mahaɗu don rage kafewar motoci masu ciki kusa da ƙasa.

Gyara na biyu ya shafi waya. Aka fito da ita fili, aka kafa manyan alluna tun kafin a iso dogo, aka mayar da kiran wajibi a doka, aka kuma fayyace da adadi wanda ake nufi. A yadda allunan suke a yau, babbar mota ita ce wadda tsawonta ya wuce mita 18.75, ko faɗinta ya wuce mita 2.9, ko nauyinta ya wuce tan 44; mai jan jiki kuma ita ce mai gudun mil 5 a awa ko ƙasa. Direba zai tsaya a wurin da aka ware, ya kira, ya faɗi abin da yake ɗauke da shi da lokacin da yake buƙata. Mai sigina zai duba jiragen da ke hanya, ya ce jira, ko ya tare layin da jar sigina ya ce wuce. Bayan ƙetarewa direba ya sake kira ya ce ya sauka, sannan a saki jirage. Kiran na biyu ba ƙari ba ne. Idan bai zo ba, mai sigina zai ɗauka har yanzu akwai abu a kan dogo.

Gyare-gyaren sun zo da tsadarsu. Kuɗin gina kowace mahaɗa ya tashi, sharuɗɗa suka yi tsauri, shirin ya kusa tsayawa cik na kimanin shekara goma. Tsawon jira kuma ya dawo da matsalar da aka gudu tun farko, ta masu kewaye sanda. Bayan sake nazari a 1978, aka rage mafi ƙarancin lokacin zuwa sakan 27, wanda shi ake amfani da shi har yanzu. An kuma gwada mahaɗu masu fitila kaɗai babu sanda, don arha. Hatsarin da ya auku a irin wannan mahaɗa marar sanda a ƙauyen Lockington a Yulin 1986, inda mutum tara suka mutu, ya sa aka janye daga wannan a layuka masu gudu.

## 2002: gada

Mahaɗar ƙauyen ta ci gaba da aiki da gyararren rabin shinge sama da shekara talatin. A 2002 aka rufe ta, aka gina gada ta ɗauke titin bisa dogon. Tun daga nan babu inda mota da jirgi ke haɗuwa a wurin.

A wasu wuraren tsarin ya ci gaba da nuna iyakarsa. A Nuwamba 2004, a ƙauyen Ufton Nervet da ke kudancin Ingila, jirgi ya daki motar da aka tsayar a kan mahaɗa mai rabin shinge, mutum bakwai suka mutu. Can ma gada aka buɗe a 2016. Daga shekarun 2010 Birtaniya ta fara sa cikakken shinge mai na'urar rada da ke leƙa ko akwai abu a kan dogo kafin sigina ta ba jirgi hannu. Aikin tsohon mai gadi ne aka miƙa wa na'ura, tare da dogon jiran da ke biye da shi.

## Hukunci

Matsalar wannan mahaɗa lissafi ce mai sauƙi da kowa zai iya yi a bayan ambulan tun 1961: na'ura tana ba da sakan 24, akwai motocin da ke buƙatar sakan 60. Masu tsarin sun san da giɓin, shi ya sa suka sa waya. Kuskurensu shi ne ɗaukar cewa kafa waya daidai yake da kiran waya. A tsohon tsari, ƙarfe ne ke hana kuskure: ƙyaure bai kulle ba, sigina ba ta saki ba. A sabon tsari an ɗauke wannan nauyi daga ƙarfe an ɗora a kan direban da ba a taɓa gaya masa an ɗora masa ba.

A cikin gyare-gyaren, ƙarin sakan shi ya fi jan hankalin jama'a, amma shi ya fi ƙarancin tasiri a kan irin wannan hatsari. Sakan 37 bai kai 60 ba. Da shi ake aiki ranar, ƙila bayan tirelar ko direban baya jirgin zai samu. Ƙarin ya taimaki ƙananan motoci, ya kuma jawo kewaye sanda, har aka rage shi. Abin da ya toshe giɓin shi ne allo mai adadi da doka a bayansa. Kalmar "kaya na musamman" tana barin direba ya yi wa kansa fatawa, musamman wanda ya shekara yana jan tan ɗari har ya daina ganinsa abin mamaki. Mita 18.75 ba ta barin gardama.

Gada ita ce ta kawar da matsalar baki ɗaya, amma shekara 34 bayan hatsarin, kuma ba kowace mahaɗar karkara ke samun kuɗinta ba. Inda rabin shinge ya rage, tirela mai mita 45 har yau minti guda take buƙata, na'ura kuma sakan 27 take bayarwa.

Rahoton ya yi daidai da ya ɗora kaso mafi nauyi a sama, ba a kan mutanen da ke bakin dogo ba. Ƙetarewar da aka yi a 1967 ba tare da kira ba, da ma abin da ya faru a Leominster, duk bayanai ne da suka isa a gane cewa wayar ba ta aiki a matsayin kariya. Ɗakin sigina bai samu kiran manyan kaya daga mahaɗar da ke ƙofar ma'ajiyar taransifoma ba, babu kuma wanda aikinsa ne ya tambayi dalilin shirun. A ranar kanta, ayarin ya tsaya cik kafin dogo, lokaci yana nan, motar 'yan sanda ta wuce ta gefen akwatin wayar da tafiya, ta sake wucewa da dawowa.